Kotu ta garƙame maka kaya kafin ta ji ta bakinka? Koma gaban alƙalin

Bayan girbin shinkafar da ya wuce na raka ƙanena wani injin casa da ke bayan gari, inda ya saba sayen ta cin gida. Muka tarar da ƙofa a rufe, sabon kwaɗo a jiki, an manna takarda mai hatimin kotu. Yaran da ke aiki a wurin suna zaune a gindin dalbejiya, babu mai cewa uffan. Ta kafar ƙofa kana hango shansherar da aka jiƙa za a turara, tana nan cikin durom-durom, ga wadda aka shanya a kan siminti ba a kwashe ba. Warin tsami har ya fara tasowa.

Mai injin yana tsaye da waya a hannu, ya rasa wanda zai kira. Wani dillali da ya kawo masa shanshera bashi ne ya kai shi ƙara, suna jayayya a kan yawan buhuna da kuma farashi. Ba a taɓa zaman kotu ba ko sau ɗaya. Sammaci da takardar rufewa tare suka iso.

Rufewar ta ɓata min rai, amma shawarwarin da na ji ana ba shi sun fi ɓata min. Wani dattijo ya ce, "Alhaji, kotu ta riga ta yi magana. Sayar da filin nan naka ka ba shi abin da ya ce, ka huta." Wani matashi ya ce a bari dare ya raba a ɓalle kwaɗon a kwashe kaya. Na uku ya matso ya rage murya, wai ya san wanda ya san wani a ofishin rajistara. Duk taron nan babu wanda ya gaya masa cewa takardar nan ba hukunci ba ce, kuma yana da ikon komawa gaban alƙalin da ya sa mata hannu ya nemi a cire ta.

Matsayina a fili yake. Riƙe dukiyar mutum kafin a yanke hukunci abu ne da doka ta halatta don kada haƙƙin mai ƙara ya salwanta, kuma akwai inda babu makawa sai an yi shi. Amma a yadda ake amfani da shi a wurinmu, sau da yawa ya zama hanyar shaƙe wa wanda ake ƙara wuya har ya biya abin da bai yarda ana bin sa ba. Gyaran wannan yana hannun mutum biyu. Wanda aka kama wa kaya ya koma kotu tun cikin kwanakin farko ya nemi a janye umarnin. Alƙali kuma ya saurare shi da irin gaggawar da ya saurari wanda ya nemi a rufe.

Abin da doka ta tanada, a taƙaice

Ƙa'idojin shari'ar madaniyya na manyan kotunanmu sun ba mai ƙara damar neman a riƙe kadarar wanda yake ƙara tun shari'a ba ta ƙare ba. Sharaɗin shi ne ya nuna mutumin yana shirin rabuwa da dukiyarsa, ko fitar da ita daga inda ikon kotun ya kai, da nufin idan an yanke hukunci a rasa abin kamawa. Zai faɗi kadarar da yake nufi da kimarta. Asalin tsarin ma neman jingina ne: a ce wa wanda ake ƙara ya kawo abin da zai tsaya a madadin kuɗin, ko ya zo ya faɗi dalilin da ba zai kawo ba. Riƙe kayan hanya ce ta tsare wannan.

Akwai kuma wadda bankuna suka fi sani, odar Mareva, da ta samo suna daga wata shari'ar hayar jirgin ruwa a Ingila a 1975. Ita ba a ɗauke maka kaya, hana ka taɓa su ake yi. Ka je cire kuɗi a ce maka an sa wa asusunka takunkumi.

Dukansu biyun galibi a bayan idon wanda ake ƙara ake karɓo su. Kotun Ƙoli ta yi magana a kan irin wannan umarni tun 1989, a shari'ar Kotoye da Babban Bankin Najeriya. Ta ce ba a bayar da shi sai in akwai gaggawa ta gaske, ba wadda mai nema ya ƙirƙira da jinkirinsa ba, kuma na ɗan lokaci ne kafin a ji ɗaya ɓangaren, sannan mai nema ya ɗauki alkawarin biyan diyya idan daga baya ya bayyana bai cancanci a ba shi ba.

"Ai shi ya ci bashi"

Wannan ce maganar farko da za ka ji, kuma tana da ƙarfi, domin da wuya ka sami ɗan kasuwar da bai taɓa ƙonewa ba. Ka ba mutum kaya da amana, ya sayar, ya canza mota, kai kuma kana sintiri a ƙofar gidansa yara na ce maka ba ya nan. Annabi (SAW) ya ce jinkirin mai hali wajen biyan bashi zalunci ne. Ba ni da ja a kan wannan.

To amma wa ya tabbatar da bashin? Ranar da aka ɗana kwaɗon, abin da ke gaban alƙali labarin mutum ɗaya ne, kuma lauyansa ne ya tsara masa shi. Mai yiwuwa gaskiya ne daga farko har ƙarshe. Mai yiwuwa kuma an biya rabi ba a faɗa ba, ko kayan da aka kawo ba su ne aka yi ciniki a kai ba, ko alkawarin biya bayan Sallah ne kuma Sallar ba ta zo ba. Shari'ar da za a zauna ai don a gano wannan ne.

Ko da bashin tabbas ne, bin mutum kuɗi kaɗai bai isa a kama masa kaya kafin hukunci ba. A nan mutane da yawa ke zamewa. Abin da doka ta nema alamar gudu ce: ya sa gidansa a kasuwa da farashin yarwa bayan ya ji za a kai shi ƙara, yana loda kaya a mota zuwa wata jiha, yana sauya sunan motocinsa zuwa na ƙaninsa. Mutumin da ke buɗe wurin sana'arsa kullum da safe, iyalinsa suna gari, injinsa a kafe yake cikin siminti, ina zai kai shi? Idan ka duba takardun rantsuwar da ake karɓo irin wannan umarni da su, sau da yawa layi ɗaya za ka gani, cewa mai ƙara "yana fargabar" za a ɓatar da kaya. Fargaba ba hujja ba ce. Alƙalin da aka nuna wa wannan giɓi yana da cikakken dalilin janye umarninsa.

"Musu da umarnin kotu raina kotu ne"

Mutanenmu suna da kunyar hukuma, kuma ba na ganin laifin wannan tarbiyya. Sai dai an haɗa abu biyu da ba ɗaya ba.

Ɓalle kwaɗo raina kotu ne. Haka kwashe kaya ta bayan katanga, ko lallaɓar ma'aikacin banki ya fitar maka da kuɗi. Umarnin kotu, ko da kuskure ne aka bayar da shi, yana nan da ƙarfinsa har sai an janye shi, kuma wanda ya karya shi yana iya kwana a gidan yari a kan shari'ar da da ya yi haƙuri shi zai ci. Mafi muni, ya ba abokin shari'arsa hujjar da da ba shi da ita. Gobe lauya zai miƙe ya ce, ranka ya daɗe, ga abin da muka faɗa, ya fara gudu da kaya.

Shigar da buƙatar a janye umarni kuwa bin doka ne tsantsa. Sashe na 36 na Tsarin Mulkin 1999 ya ba kowa haƙƙin a saurare shi kafin a yanke wani abu a kan haƙƙoƙinsa. Umarnin bayan ido keɓancewa ce da aka yi wa wannan ƙa'ida saboda larura, kuma abin da ya sa ake lamunta da ita shi ne an bar ƙofar dawowa a buɗe. Alƙalin da ya san aikinsa yana jiran wannan dawowar ne. Ya san ya ji rabin magana. Lokacin da Annabi (SAW) zai tura Sayyidina Ali Yaman alƙalanci, abin da ya hore shi da shi ke nan: kada ya yanke wa na farko hukunci sai ya ji ta bakin na biyu.

Abin da za ka ɗauka zuwa gaban alƙali

Farkon abu shi ne lokaci, kuma a nan ne talakawa suka fi yin asara. A Babbar Kotun Jihar Legas, umarnin hani da aka bayar a bayan ido kwana 7 ne wa'adinsa, sai in an tsawaita shi da dalili. A Babbar Kotun Tarayya kuwa ƙa'idar ta yanka kwana 14, amma lissafin yana rataye ne da ranar da wanda abin ya shafa ya shigar da buƙatar a janye ko a sassauta. Wato mutumin da ya zauna a gida yana jiran ikon Allah, ko yana aika manya su roƙi mai ƙara, bai ma tayar da agogon ba. Kowace jiha da nata ƙa'idojin, kuma tambayar farko da ya kamata ka yi wa lauya ita ce, wannan umarnin yaushe zai mutu, kuma me zan yi ya mutu?

Sannan ka nemi kwafin umarnin da kwafin takardar rantsuwar da aka karɓo shi da ita. Haƙƙinka ne. Ka karanta, ko a karanta maka, layi-layi. Wace kadara aka ambata? Ma'aikatan kotu suna zuwa da takardar da ta ce a riƙe mota ɗaya, su tafi da mota da janareta da babur ɗin yaron gida. Ka nemi a rubuta duk abin da aka ɗauka ko aka kulle a gabanka, ka ɗauki hoto da wayarka, ka samu shaidu biyu daga maƙwabta.

A cikin takardar rantsuwar nan ne yawanci makamin yake. Wanda ya je gaban alƙali shi kaɗai, doka ta ɗora masa nauyin faɗin gaskiya duka, har da abin da ba zai yi masa daɗi ba. Idan ya ɓoye cewa ka biya wani kaso, ko akwai wata shari'a a tsakaninku a wata kotu, ko kun yi sulhu a gaban shugabannin kasuwa an sa rana, wannan ɓoyewar kaɗai tana iya rushe umarnin, ba sai an kai ga tantance wa ke bin wa ba.

Wannan ba zancen littafi ba ne. A ranar 30 ga Disamba 2024, Babbar Kotun Tarayya a Legas ta ba First Bank odar Mareva a kan asusun kamfanin mai na General Hydrocarbons da wasu masu alaƙa da shi, a kan bashin da bankin ya ce ya kai dala miliyan 225.8. Kamfanin bai ɓalle komai ba, ya koma gaban alƙalin da ya bayar, Mai shari'a Deinde Dipeolu. A ranar 29 ga Janairu 2025 alƙalin ya janye umarnin nasa, bisa dalilin cewa ba a bayyana masa wani umarni da wani alƙalin kotun ya riga ya bayar a rikicin ɓangarorin biyu ba. A lokacin bashin yana nan ana jayayya a kansa, amma takunkumin ya sauka cikin wata guda. Dokar da ta yi wa mai dala miliyan ɗari biyu aiki ita ce dai ke kan mai shagon kayan masarufi.

Sai batun yawa. A ce ana bin mutum naira miliyan 5, aka rufe masa wurin da ya kai miliyan 40, ko aka tsayar da asusunsa duka har da wanda yake biyan albashi da kuɗin makarantar yara. Ko da kotu ta ga akwai dalilin riƙewa, babu dalilin riƙe fiye da abin da ake nema. Kana iya roƙon a taƙaita umarnin daidai kuɗin da ke cikin ƙarar, a sakar maka sauran, a kuma bar maka abin gudanar da sana'a da cefanen gida. Mutane ba su cika sanin cewa tsakanin "a janye" da "a bari" akwai "a sassauta" ba, kuma sau da yawa ita ce ta fi saurin samuwa.

Akwai kuma kayan da ba naka ba. Duk wanda ya san manyan sito na kasuwar hatsi ya san buhunan da ke ciki ba na mai siton ba ne duka. Wannan ya ajiye ridi, wancan wake, wata Hajiya ta sa jarinta a gero tana jiran bazara. A gida ma haka ne: gadon mata da kujerunta da firjin da iyayenta suka kawo ba dukiyar miji ba ce, a shari'ar Musulunci da ta boko duka. Motar da aka karɓa biya sannu-sannu, kafin a gama biya, mai ita daban ne. Waɗannan mutane ba sa cikin ƙarar, kuma ƙa'ida ta ce riƙe kaya ba ya taɓa haƙƙin wanda ba ya cikin shari'a. Suna da ikon zuwa da kansu su ce wannan nawa ne, ga rasit, ga shaidu. Abin takaici, Hajiyar nan mai gero yawanci ba ta san da haka ba, sai ta zauna tana kuka tana Allah ya isa ga mai siton da shi ma ba shi ya kulle ba.

In duk waɗannan ba su samu ba, saura musanya. Tunda manufar ita ce kada mai ƙara ya ci shari'a ya rasa abin kamawa, to ka kawo wani abin da zai tsaya a madadi: takardar fili, mutumin kirki mai hali da zai tsaya maka, ko kuɗi a ajiye a hannun kotu. A Disambar 2020 an rufe hedikwatar kamfanin mai na Seplat da ke Ikoyi a Legas saboda ƙarar da Access Bank ya shigar a kan bashin wani kamfanin haƙar rijiyar mai, bashin da Seplat ya ce ba shi ya ci ba kuma bai tsaya wa kowa ba. A Janairun 2021 Kotun Ɗaukaka Ƙara ta dakatar da umarnin bisa sharaɗin Seplat ya kawo takardar lamunin banki ta dala miliyan 20. Aiki ya ci gaba, shari'a ma ta ci gaba. Dattijon da ya ce a sayar da fili, da ya ce a kai takardar filin kotu a matsayin jingina, da filin yana nan, kuma da ba a biya ko sisi ba sai an tabbatar da bashi.

Idan alƙali ya saurare ka ya ƙi janyewa, akwai ɗaukaka ƙara, amma wa'adinta gajere ne: kwana 14 ga hukuncin tsakiyar shari'a, ba wata 3 irin na hukuncin ƙarshe ba.

Malamanmu sun riga mu tunanin wannan

Wasu suna ɗauka duk wannan tsarin Bature ne. Malaman Malikiyya sun daɗe da sanin tsayar da dukiyar da ake jayayya a kanta kafin hukunci, kuma a Tuhfa ta Ibn Asim, wadda alƙalan kotunan shari'armu ke aiki da ita, an yi masa fasali na kansa. Abin da ya ja hankalina shi ne yadda suka bambanta kaya. Gida ana kulle shi, amma sai an ba na ciki wa'adin kwashe kayansa. Gona ana hana noma ta. Abin da ke kawo kuɗin shiga, kamar gidan gasa burodi ko injin niƙa, kuɗin da yake kawowa ake tsayarwa. Abin da ke saurin lalacewa kuwa, in ana tsoron shari'a za ta ja, sai a sayar da shi a ajiye kuɗin ga wanda ya ci.

Gaskiya ne su suna magana ne a kan kayan da su kansu ake jayayyar mallakarsu, ba kayan da aka riƙe don tsare bashi ba. Amma hankalin da ke ciki ɗaya ne, kuma ya fi abin da muke gani yau. Injin da aka kulle ba ya samar wa mai ƙara komai. Yana tsatsa, ma'aikata na watsewa, masu kawo aiki na komawa wani wuri. Ranar da za a yanke hukunci, mai ƙaran da ya ci sai ya tarar da ƙarfe. Da an sa amintacce yana karɓar cinikin kullum yana ajiyewa a asusun kotu, da kowa ya tsira da wani abu. Ban ga abin da zai hana lauyan wanda ake ƙara ya roƙi wannan ba, kuma ban ga abin da zai hana alƙali ya fara tunaninsa kafin ya aika da kwaɗo ba.

"In an sanar da shi zai gudu da kayan"

Wani lokaci haka ne, kuma shi ya sa ban ce a soke wannan iko ba. Kuɗi yanzu a waya suke, cikin minti biyu sun bar asusu. Tirelar shanu tana iya kwana a wata jiha. Mai ƙaran da ke da hujjar cewa ana loda kaya a daren nan ya cancanci a saurare shi shi kaɗai.

Abin da nake ja a kai shi ne abin da ke biyo baya. Gaggawar da ta halatta a rufe a yau ita ce ta wajabta a saurari wanda aka rufe wa a cikin makon. Abin da muke gani kuwa, buƙatar rufewa ana jin ta ranar da aka shigar, buƙatar buɗewa a ɗage ta zuwa wata mai zuwa, ranar ta zo a ce alƙali ya tafi taro, ta sake zuwa lauyan mai ƙara ya aiko takarda ba shi da lafiya. Kowace ɗagewa riba ce ga wanda ya riga ya samu kwaɗonsa. Ba ya buƙatar ya ci shari'a, jira kawai zai yi har yunwa ta kawo masa abokin shari'arsa.

Hukumar Kula da Harkokin Shari'a ta Ƙasa ta san da wannan cuta. Ƙa'idar ɗa'ar alƙalai ta gargaɗe su a kan wasa da umarnin bayan ido, kuma a Disambar 2021 hukumar ta hana alƙalai uku na jihohin Ribas, Kebbi da Kuros Riba ƙarin girma na wasu shekaru saboda umarnan da suka bayar a rikicin shugabancin jam'iyyar PDP. Na yi murna da hakan. Amma wancan rikicin manya ne, jaridu na kallo. Mai gidan kajin da aka kulle wa gona kaji suka mutu a ciki, wa zai kai kukansa Abuja?

Ko Gwamnatin Tarayya ta ɗanɗani abin. A Agustan 2024, da wata kotu a Faransa ta ba kamfanin Zhongshan na China damar riƙe jiragen fadar shugaban ƙasa uku saboda rikicinsa da jihar Ogun, ɗaya daga cikin koke-koken fadar shi ne an karɓo umarnin ba tare da an sanar da ita ba.

'Yan'uwanmu da ke fatauci tsakanin Kano da Maraɗi sun san wani tsari dabam. Nijar da Cadi da Kamaru suna cikin ƙasashe 17 da ke aiki da dokar kasuwanci ta bai ɗaya ta OHADA. A can, mai neman a riƙe kaya sai ya nuna abu biyu, cewa bashin yana da tushe kuma akwai abin da ke barazana ga karɓo shi. Bayan an riƙe, yana da wata ɗaya ya fara bin hanyar samun hukunci, in ba haka ba riƙewar ta faɗi da kanta. Wanda aka riƙe wa kaya kuma yana iya neman a saki a kowane lokaci, kuma mai bin bashin ne zai tabbatar da cewa sharuɗɗan sun cika. Ba na cewa can babu zalunci. Amma wa'adin da ke kashe umarni da kansa, ba tare da talaka ya roƙi kowa ba, abu ne da ya kamata kowace jiha tamu ta rubuta ƙarara a ƙa'idojin kotunanta, tun daga majistare.

"Talaka ina ya ga kuɗin lauya?"

Wannan ita ce hujjar da ta fi yi min nauyi, kuma ba zan ce ba gaskiya ba ce. Mutumin da aka tsayar wa asusu, da me zai biya lauyan da zai buɗe asusun? Amma a yi lissafi. Kuɗin shigar da buƙata ɗaya, a kwatanta shi da cinikin wata uku da aka rasa, ko da filin gado da aka sayar a rabin kuɗinsa. Ƙungiyoyin kasuwa da ke tara kuɗin mako don biki da ta'aziyya suna iya riƙe lauya ɗaya saboda irin wannan rana. A ganina wannan ya fi musu amfani fiye da rakiyar shugabanni zuwa gidan mai ƙara a ba shi haƙuri.

Majalisa ma tana da nata kason. Dokar aiwatar da hukuncin kotuna, wadda asalinta tun 1945 ne, ta keɓe tufafi da shimfiɗa da kayan sana'ar mutum daga kamawa, amma iyakar kimar da ta sa naira 10 ce. Kariyar tana nan a rubuce, ba ta kare ko allurar tela.

Wasu kuma za su ce idan aka tsaurara wa masu bin bashi a kotu, caji ofis za su koma. Sun daɗe da komawa ai, kuma haramun ne: Dokar 'Yan Sanda ta 2020 ta hana kama mutum saboda bashi ko saɓa yarjejeniya kawai. Abin da zai hana mai bin bashi neman gajeriyar hanya shi ne shari'a mai sauri. Kotunan ƙananan basussuka da Legas ta buɗe a 2018, Kano ta biyo a 2019, an tsara su ne su gama cikin kwana 60. Wanda ya san zai sami hukunci cikin wata biyu ba shi da uzurin neman a kulle wa ɗan'uwansa shago tun ranar farko.

Saura alkawarin diyyar nan da Kotun Ƙoli ta ambata tun 1989. Lauyoyi suna rubuta shi a sakin layi na ƙarshe na takardar rantsuwa, kowa ya wuce. Mai ƙaran da ba shi da ko keke yana ɗaukar alkawarin biyan asarar masana'anta, babu mai tambayarsa da me zai biya. Ina ganin alƙali ya riƙa tambaya, kuma inda kayan da za a riƙe masu lalacewa ne ko wurin cin abincin mutane ne, ya sa a ajiye kuɗi ko a kawo mai tsayawa kafin ya sa hannu. Wanda aka janye wa umarni kuma kada ya tsaya a hamdala ya tafi gida. Yana da ikon roƙon kotu ta binciki asarar da ya yi ta ɗora wa wanda ya jawo ta, kuma wannan bincike da takarda ake yin sa: littafin cinikin watannin da suka gabaci rufewa, albashin da ya biya yara suna zaune, kuɗin hayar da ya ci gaba da tafiya, hoton kayan da suka ruɓe da ranar da aka ɗauke shi. Ya fara tara su tun ranar da aka ɗana kwaɗon.